Zuwa ga Mamana: Labarin Ɗan Sarkin da Ya Bar Gida

Mamana,

Ina fata kina lafiya, karatu yana tafiya daidai, kuma hunturun bana bai sa miki mura ba. Mu nan gida kowa ƙalau. Ummanki da ƙannenki suna gaishe ki.

Na ga tambayar da kika maƙala a ƙarshen wasiƙarki, wai shi Budda da aka koya muku a darasin tarihi ya taɓa rayuwa kuwa, ko labarinsa irin na Gizo da Ƙoƙi ne. Allah Ya yi miki albarka, matambayi ba ya ɓata. Mutumin ya rayu, kuma masoyansa sun yi wa labarinsa ado mai yawa. Abin da nake so ki koya shi ne rarrabe mutumin da adon, ba tare da kin raina ko ɗaya ba.

Bari in fara da yadda iyaye mata ke ba 'ya'yansu labarin a Siri Lanka da Tailan da Bama. An ce a gindin tsaunukan Himalaya an yi wani sarki, Suddodana. Wani dare matarsa Maya ta yi mafarki farar giwa ta shige ta ta haƙarƙarin dama, sai ga ta da juna biyu. Da watanni suka cika ta kama hanyar gidan iyayenta, naƙuda ta tsayar da ita a wani lambu mai suna Lumbini. Tana tsaye riƙe da reshen bishiya yaron ya fito ta gefenta, ya yi taku bakwai, duk inda ya sa ƙafa furen bado ya tsiro. Masu duba suka ce ɗayan biyu: in ya zauna gida zai mallaki duniya, in ya fita zai zama malamin da duniya za ta saurara. Uban ya fi son na farko, don haka ya killace ɗansa Siddatta cikin daula, ya hana tsoho da majinyaci giftawa ta gabansa.

Yana da shekara 29 ya fita zaga gari tare da Canna, mai jan karusarsa. Fitar farko ya ga tsoho a duƙe da sanda, ta biyu majinyaci, ta uku gawa ana kai ta makwanci. Kowane karo yana tambaya, "Har da ni?" Canna yana ce masa har da shi. A fita ta huɗu ya ga wani mai zuhudu riƙe da ƙoƙon bara, fuskarsa a natse. Cikin dare ya leƙa matarsa Yasodara da jaririnsu Rahula suna barci, bai tashe su ba, ya hau dokinsa Kantaka, wasu halittun sama suka tallafe kofatan don kada a ji motsi. Shekara shida yana horar da jikinsa da yunwa har ana ƙirga haƙarƙarinsa. Sai da ya karɓi shinkafa da madara daga hannun wata 'yar ƙauye, Sujata, ƙarfinsa ya dawo. Ya zauna gindin wata bishiya dangin cediya a wurin da ake kira Bod Gaya yau, Mara mai ruɗi ya zo da rundunarsa ya kasa tayar da shi. Da asuba ya ce ya gano tushen wahala da hanyar fita daga cikinta, aka shiga kiransa Budda, wanda ya farka.

To, yanzu ga abin da mai binciken tarihi zai iya taɓawa da hannu. A shekarar 1896 aka tono wani ginshiƙin dutse a Lumbini, cikin ƙasar Nepal, kusa da iyakar Indiya. Babban sarki Ashoka ne ya kafa shi wajen shekarar 249 kafin Miladiyya. Rubutun jikinsa ya nuna sarkin ya zo da kansa shekara ashirin bayan naɗinsa, don girmama wurin da aka haifi malamin ƙabilar Sakya, har ya sassauta wa ƙauyen haraji. Kin ga ke nan tun zamanin Ashoka mutane sun san shi, sun san garinsu.

Shekarar rasuwarsa kuwa ana saɓani a kanta. Mutanen Siri Lanka suna ƙirga daga 544 kafin Miladiyya, shi ya sa suka yi bikin cika shekara 2500 a 1956. Masana a Turai sun daɗe suna cewa 483, da yawa daga cikin na yanzu kuma sun matso da ita kusa da 400. Dalilin saɓanin shi ne ba a rubuta komai ba yana da rai. Almajiransa haddacewa suka yi, suna taruwa suna bita baki ɗaya, wani ƙarni yana miƙa wa wani. Sai a ƙarni na ɗaya kafin Miladiyya aka rubuta koyarwar da harshen Pali a Siri Lanka, a kan ganyen wata bishiya dangin giginya.

Waɗannan tsofaffin rubuce-rubuce ba su ba da tarihinsa a jere ba, gutsattsari ne nan da can, amma abin da ke cikinsu zai ba ki mamaki. Sakyawa ba babbar daula ba ce, ƙaramar ƙasa ce da manyan gidaje ke tafiyarwa da shawara, a ƙarƙashin sarkin Kosala. Ubansa ɗaya ne daga cikin manyan. A wani wuri Gotama, sunan zuriyarsu ke nan, yana ba da labarin barinsa gida da bakinsa: babu doki, babu sulalewar dare. Saurayi ne mai baƙin gashi, ya aske kansa da gemunsa, ya sa tufar masu zuhudu, iyayensa suna hawaye ba su so ba. Labarin fita huɗu ma yana nan, sai dai a kan wani Budda na can dā mai suna Wipassi aka ba da shi, daga baya aka ɗora wa Gotama. Abin da tsohon rubutu ya ce game da shi kansa ya fi haka sauƙi: yana cikin jin daɗi ya yi tunanin cewa shi ma zai tsufa, zai yi ciwo, zai mutu, sai girman kan ƙuruciya ya sake shi.

Ki lura da nan sosai, Mamana. Tunani ne ya zo wa mutum a zaune, masu ba da labari suka yi wa tunanin ƙafafu, suka ba shi sanda da furfura, suka tsayar da shi a bakin hanya don yaro ma ya gane. Cikakken labari mai ado irin wanda na fara ba ki sai bayan ɗaruruwan shekaru ya kammala, a littattafai kamar Buddacarita, doguwar waƙar Sanskirit da Ashwagosha ya tsara wajen ƙarni na biyu Miladiyya. Hatta fuskar da ke cikin littafinku ta masassaƙa ce. A tsofaffin gine-ginen Sanci da Barhut ba a sassaƙa siffarsa ba, sai sawun ƙafa ko mazauni ba kowa a gindin bishiya. Wajen ƙarni na ɗaya Miladiyya aka fara yi masa fuska a Gandara da Matura.

Inda na fi ganin mutum mai jini da tsoka shi ne labarin ƙarshensa. Bayan shekara 45 yana yawon koyarwa a ƙafa a kwarin kogin Ganga, ya kai tamanin, yana kwatanta jikinsa da tsohon keken shanu da aka ɗaɗɗaure da igiya. Wani maƙeri mai suna Cunda ya ciyar da shi, ciwon ciki mai tsanani ya kama shi har da jini. A hanya ƙishirwa ta dame shi, ya yi ta roƙon hadiminsa Ananda ruwa. Kafin ya cika a Kushinagar, kwance tsakanin bishiyoyi biyu, ya bar saƙo kada kowa ya zargi maƙerin. Shi kuwa Ananda ya koma gefe ya jingina da ƙofa yana kuka. A wannan labari ma akwai furanni da suka buɗe ba lokacinsu ba, amma mai son ƙawata gwaninsa ba ciwon ciki zai ƙirƙira masa ba.

Kin sha ruwan rijiyar Kusugu a Daura. Rijiyar tana nan, masana kuma suna muhawara kan Bayajida da macijiya, amma ba wanda ya ce don haka a daina ba da labarin, domin yana faɗa mana yadda Hausawa suke kallon asalinsu. Haka za ki riƙe wannan. Duk labarin da ya zo miki ki tambaya: wa ya faɗa, yaushe aka rubuta, me mai faɗar yake so a gane?

Labarin Budda ma ya yi tafiya mai nisa. A ƙarni na takwas ya shiga Larabci da sunan Bilauhar da Budasaf. Daga nan ya bi ta harshen Jojiya da Girkanci da Latin ya zama Barlaam da Yosafat, har Kiristocin Turai suka sa ɗan sarkin cikin waliyyansu, ba su san asalinsa ba. Malaminmu Shaharastani, wanda ya rasu a 1153, ya yi bayanin mabiya Budda a littafinsa Al-Milal wan-Nihal. Don haka kada wani ya ce miki sanin addinin wasu fita ne daga naki. Mu Musulmi ne, hanyar Budda daban da tamu: bai gina koyarwarsa kan Mahalicci ba, mabiyansa kuma sun yarda ana sake haihuwar mutum bayan mutuwa. Amma ɗaruruwan miliyoyin mutane ne ke girmama shi, kuma adalci shi ne ki faɗi abin da suka yi imani da shi daidai, ba ƙari ba ragi.

Ni dai a labarin nan uban ne yake taɓa min zuciya. Ko da tarihi bai tabbatar da katangar da ya gina ba, kowane uba ya san ta, don ba mai son ɗansa ya ga abin da zai sa shi kuka. Sai dai tafin hannu ba ya rufe rana. Shi ya sa nake shiga da ke ɗakin Kaka, ki ga yadda hannunta ke rawa har kunu na zuba daga ludayi, ki tallafa mata, ki goge mata haɓa. Na fi son ki san tsufa kina riƙe da hannun wadda kike ƙauna, ina tsaye a bayanki.

In kin zo hutu, ga aikin da na ba ki. Ki sayi sabon littafin rubutu, ki zauna da Kaka da hantsi, lokacin da ta fi jin ƙarfi, ki tambaye ta labarin mahaifinta da fataucinsa. Ki rubuta abin da ta gani da idonta a shafi ɗaya, abin da aka ba ta labari a wani shafin, ki sa kwanan wata. Wata rana jikokinki za su gode miki a kan shafukan biyu.

Ki kula da sallah a kan lokaci, ki riƙa sa rigar sanyi da asuba. Allah Ya ba ki ilimi mai amfani, Ya tsare min ke.

Naki,
Babanki