Cek Ɗari Da Ashirin

A watan Satumba na shekarar 2010 na zauna a ofishin wani banki a Khartum, aka jibge mini takardun cek a gabana, na yi ta sa hannu har yatsuna suka sage. Guda 120 ne, kowane na fam 1,000 na kuɗin Sudan, kowane kuma da ranarsa a rubuce, tun daga Oktoba na wannan shekara har zuwa Satumba na 2020. Ma'aikacin ya sa aka kawo mini shayi, ya yi mini barka. Da a ce wani ya tare ni a bakin ƙofa ran nan ya tambaye ni nawa gidan zai ci mini, da na amsa masa da fara'a, "Dubu ɗaya ne kawai a wata." Gama iyakar abin da na ɗauko a kaina ke nan.

Kakana mutumin ƙasar Katsina ne. Ya zo Jazira tsinkar auduga bayan an gama madatsar ruwa ta Sinnar a 1925, bai kuwa sāke komawa gida ba. A Wad Madani aka haife ni. Da na girma na zo Khartum, na sami aikin tsaron sito a wani kamfani mai shigo da magunguna. Shekara goma sha huɗu muna haya, sau biyar muna ɗaure kaya, sau biyu a tsakiyar zangon karatun yara. Wanda bai taɓa jin mai gida yana ƙwanƙwasa ƙofa ran ɗaya ga wata ba, ba zai gane irin ƙishin da nake yi ba. Da kuɗin adashi, wanda mutanen can suke kira sanduk, na sayi fili a Salha, kudu da Omdurman, a yammacin Farin Nilu. Fili mai takarda ne, shi ya sa banki ya yarda ya karɓe shi jingina.

Sai in bayyana wa mai karatu yadda bankunan Sudan suke ba da bashi, domin ya bambanta da abin da aka saba a Kano ko Jos. Tun zamanin Shugaba Numeiri, a 1983 da 1984, aka fara juya harkar banki bisa ga shari'ar Musulunci, aka hana kuɗin ruwa. A maimakonsa akwai ciniki da ake kira murabaha. Banki ba ya danƙa maka kuɗi a hannu. Shi ne zai sayi siminti da rodi da jan bulo, sa'an nan ya sayar maka da su da riba, ka riƙa biya wata wata. Kayan da aka saya domina na fam 60,000 ne. Aka ce ribar 10 cikin 100 ce a shekara, na tsawon shekara goma. Da na ji "goma cikin ɗari" sai hankalina ya kwanta, gama na san 'yan kasuwar Omdurman da suke cin abin da ya fi haka a yini guda.

Surukina, wanda yake koyar da lissafi a makarantar sakandare, shi ne ya buɗe mini ido, amma bayan bakin alƙalami ya riga ya bushe. Ya zo gaisuwa wata Jumma'a da yamma, na nuna masa takardun ina taƙama. Ya ɗauki fensirin yara, ya ce, "Yaya, 10 cikin 100 na dubu sittin nawa ne?" Na ce dubu shida. Ya ce, "Sau goma fa?" Na ce dubu sittin. Ya ce, "To, ka ga ginin biyu za ka biya, ɗaya naka, ɗaya nasu." Wannan kam na iya ganewa da kaina da na ninka 1,000 sau 120, abin da ban taɓa zama na yi ba, ni da nake ƙidayar kwalayen magani dubbai a kowace rana. Amma abin da ya biyo baya shi ya fi ba ni mamaki.

Ya nuna mini cewa ribar nan a kan dukan dubu sittin ɗin ake lissafa ta kowace shekara, tun daga ta fari har ta goma, kamar ban taɓa rage ko kwabo ba. A shekara ta goma, sa'ad da abin da ya saura daga ainihin kuɗin bai wuce dubu shida ba, ribar wannan shekara dubu shida ce har wa yau. Da a ce a kan ragowar bashin ake lissafin 10 cikin 100, kamar yadda waɗansu masu ba da bashi suke yi, da wajen fam 793 zan riƙa biya a wata, jimla ta tsaya a wajen 95,000. Watau tsakanin wannan "goma" da waccan "goma" akwai fam 25,000. Ya ce in an auna tawa da ma'aunin ragowar bashi, ta kusa 16 cikin 100. Ba wanda ya yi mini ƙarya a bankin nan, dole in faɗi gaskiya. Jimlar tana nan a shafi na biyu, da lamba da kalmomi. Ni ne idona ya tsaya a kan kason wata, domin shi ne ya yi daidai da albashina.

Akwai kuma kuɗaɗen da ba sa cikin cek ko ɗaya. Mai ƙimanta fili ya karɓi nasa. Ofishin filaye ya karɓi kuɗin rubuta jingina, ga kan sarki, ga lauya, ga inshora da ake sabuntawa kowace shekara. Kafin buhun siminti na farko ya sauka a Salha na kashe abin da ya haura fam 4,000. Ladan magina ma daga aljihuna ya fito, tun da banki kaya kaɗai yake saya. Cek na fari ya faɗo a Oktoba, gini kuwa bai kai a shiga ba sai watan Agusta na 2011, saboda haka wata goma sha ɗaya ina biyan banki ina biyan mai gidan haya. Da muka zo haƙa rijiyar masai kuɗi ya ƙare ƙaf. Matata ta kwance awarwaronta biyu na zinariya, na gadon uwarta, ta miƙo mini. Ta ce, "Maigida, ka kai kasuwa. Gida ba masai ai ba gida ba ne." Na yi mata alkawari zan mayar cikin shekara biyu. Har yau ban mayar ba.

Da muka tare sai nisa ya kawo nasa lissafin. A dā da ƙafa nake zuwa aiki. Yanzu mota biyu nake hawa, in haye gadar Farin Nilu da safe in hayo da dare, yara uku kuma kowanne da kuɗin motarsa. Famfo bai iso layinmu ba tukuna, sai mu sayi ruwa ganga ganga wurin masu amalanken jaki. In na haɗa mota da ruwa, sun cinye fiye da rabin abin da nake tsammani na tsira da shi daga haya.

Duk wannan da sauƙi da ƙasa ta zauna yadda take. Ran 9 ga Yuli 2011, cek na goma ke nan, Sudan ta Kudu ta ɓalle, ta tafi da wajen kashi uku cikin huɗu na man fetur ɗin da ƙasar take haƙowa. Dala ta yi wuya. A ƙarshen 2012 tashin farashi ya haura 40 cikin 100 a shekara, a Satumba na 2013 kuma gwamnati ta janye tallafin mai, aka yi zanga-zanga, aka rasa rayuka. Kamfaninmu da dala yake sayo magani, sito ya fara zama fayau. A wannan shekara muka yi wata uku ba albashi.

A nan ne na san nauyin takardun da na sa wa hannu ina shan shayi. A dokar hukunci ta Sudan ta 1991, sashe na 179, ba da cek ɗin da ba kuɗi a bayansa laifi ne. Akwai wata magana ta Larabci da kowa a Khartum ya sani, ma'anarta mutum ya zauna a tsare har sai ya biya. Wani abokin aikina ya shiga gidan yari ta wannan hanya, a kan bashin mota, muka yi ta karo-karo wata biyar kafin ya fito. Ban da haka akwai dokar 1990 wadda ta ba banki iko ya sayar da abin da aka jingina masa bayan ya yi gargaɗi, ba sai ya bi ta kotu ba. Ashe ba filina kaɗai na jingina ba. Nakan farka da tsakar dare in kwanta ina ƙirga kwanakin da suka rage kafin biyar ga wata.

A daidai wannan lokaci 'yata ta fari ta ci jarrabawar gama sakandare. Makinta bai kai na gurbin gwamnati a fannin haɗa magunguna ba, amma ya isa a karɓe ta in za a biya. Kuɗin shekara ɗaya ya yi kusan daidai da cek shida. Na kira ta tsakar gida bayan cin abincin dare, na yi ta kewaye-kewaye. Ita ce ta sauƙaƙa mini. Ta ce, "Baba, na sani. Bari in jira baɗi." Baɗi ta zo, kuɗin makaranta ya ƙaru, cek bai ragu ba. Ta koyi ɗinki, daga baya ta yi aure, tana zaune lafiya da mijinta, ba ta kuwa taɓa tayar mini da zancen ba ko sau ɗaya. Na fi so da ta tayar. Surukina da fensirinsa bai sa wannan a lissafi ba, ni ma ban san a wane layi zan rubuta shi ba.

A 2014 wani ɗan'uwa da yake aiki a Jidda ya ce zai ranta mini in biya ragowar gaba ɗaya in huta. Na je banki da murna ina zaton za a yafe ribar shekarun da suka rage. Aka ce mini ciniki ya riga ya faɗa tun 2010, farashi farashi ne, in an rage wani abu alheri ne na banki, ba hakkina ba ne. Abin da suka ce za su rage bai taka kara ya karya ba, na haƙura. Tambaya ce da ya kamata in yi tun ran fari, minti ɗaya ba za ta ci ba.

Sa'an nan abin ya juya ta inda ban zata ba. Tun da farashin murabaha ba ya motsi, faɗuwar fam ta soma cinye bashin. Fam 1,000 da ya yi kusan dala 400 a 2010, a ƙarshen 2020 bai kai dala 5 ba a kasuwar bayan fage. Cek na ƙarshe ya fita a Satumba na 2020, watan da Nilu ya yi cikar da ba a taɓa auna irinta ba, kuɗin kuwa bai kai cefanen kwana biyu ba. Abokai suka ce na ci banki. Ban yarda da su ba. Shekaru shida na farko da fam mai nauyi na biya, su ne kuwa suka ci zinariyar da karatun yarinyar. Faɗuwar da ta rage mini bashi ita ce ta mai da albashina da ɗan abin da na tara domin tsufa kamar toka. Kuma sa'a ce kawai, ban tsara ta ba. Wanda ya ci bashin da ruwansa yake hawa in farashi ya hau, irin wanda bankunan kasuwa da yawa suke bayarwa, ko wannan sa'ar ba zai gani ba.

'Yan'uwa na Nijeriya sukan ce mini nasu da dama, tun da Asusun Gidaje na Ƙasa da aka kafa a 1992 an tsara shi da ruwa 6 cikin 100, ana iya biya har shekara talatin. Lalle ya fi nawa sauƙi nesa ba kusa ba. Duk da haka naira miliyan 5 a wannan tsari wajen naira 30,000 ce a wata, a shekara talatin kuwa ta kusa miliyan 10 da dubu 800. Yawan shekarun da yake sa kason wata ya yi daɗin ji, shi ne yake ninka jimlar.

Shekara biyu da wata bakwai muka kwana a gidan ba bashin kowa a kansa. Ran 15 ga Afrilu 2023 yaƙi ya ɓarke tsakanin sojoji da dakarun RSF. Muka daure makonni kaɗan, sa'an nan muka kulle ƙofa muka fita da jaka biyu, muka nufi Wad Madani, da ita ma ta faɗi a Disamba muka wuce Gadarif, muka koma haya. Salha tana cikin wuraren ƙarshe da sojoji suka karɓe a jihar Khartum, a watan Mayu na 2025. Bayan damina na tafi ni da ɗana mu gani.

Bango yana nan, rufi yana nan. Ƙofofi da tagogi babu, an farfasa bango an zare wayoyin lantarki, har murfin rijiyar nan ta zinariya an ɗauke. A ɗakin kwana na tarar da jakar takarduna a yashe, rima ta ci gefenta, takardar da banki ya ba ni ta warware jingina tana ciki ana iya karanta ta. Takardar inshora ma tana nan, ko da yake ta daina aiki tun da bashi ya ƙare. Na karanta ta a tsaye a karo na fari, na ga tun asali ba ruwanta da ɓarnar yaƙi.

Wani maƙeri a bakin titi ya zo ya auna ƙofofi uku da tagogi biyar, ya faɗi kuɗin da ya ninka dukan cek 120 ɗin sau da yawa. Ɗana ya ce, "Baba, akwai masu ba da kaya bashi, a biya wata wata. Sun ce ba yawa." Na tambaye shi wata nawa, nawa ne kuma in an haɗa duka. Ya ce bai tambaya ba. Muka sa maƙerin ya yi mana ƙofar waje kaɗai, muka biya shi a hannu, tagogin kuwa muka toshe su da bulo.