Gadabeji: dajin da raƙumin dawa ya komo

Wanda ya tashi daga Maraɗi ya nufi arewa, ya ratsa Tibiri, yana isa Dakwaro bayan tahiyar kilomita ɗari da ƴan kai. Daga nan gonakin hatsi suna ta raguwa, har a wuce kwarin Tarka, inda noma yake ja da baya kiwo ya karɓi hili. Can gaba, cikin ƙasar Bermo, gandun dajin Gadabeji yake shimfiɗe bisa hekta 76.000: tuddan rairayi, da karangiya, da aduwa da danya jefi-jefi, sai sama da ta rufe komi kamar faifai bisa ƙwarya.

Tun shekara ta 1955, zamanin mulkin Faransa, aka keɓe wannan daji domin kare namun dawa na Sahel. Ga wancan lokaci mariri mai dogayen ƙahoni yana kiwo nan, tare da barewa da jimina da raƙumin dawa. Amma fari na shekarun 1970 da bindigar mafarauta suka haɗu suka yi ma dajin ƙwalƙwal. Raƙumin dawa ya ɓace daga yankin. Shi kuwa mariri, a shekara ta 2000 masana suka bayyana cewa ya ƙare cikin dazuzzukan duniya baki ɗaya, sai wanda ake tsare da shi cikin shinge.

Hausawa sun ce in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa ma naka ruwa. A 1996 raƙuman dawa irin na Afirka ta Yamma 49 kaɗai suka saura, dukansu wajen Kure, kilomita 60 daga Yamai. Da kulawar hukuma da haƙurin manoman wurin, yawansu ya haura 600 kahin 2018. Sai dai taruwarsu wuri guda hatsari ne: annoba ɗaya ko fari ɗaya na iya share zuriyar duka. Shi ya sa cikin watan Nuwamba na 2018 aka ɗauko takwas cikin manyan motoci, aka yi da su tahiyar fiye da kilomita 800 har Gadabeji, wanda hukumar UNESCO ta sa cikin jerin wuraren da take karewa tun 2017. A 2022 aka ƙaro huɗu, kuma tuni suka soma haihuwa.

Baƙon da ke son ganinsu sai ya zo bayan damina, lokacin da ciyawa take nan kuma zahi bai tsananta ba. Ya nemi izinin ma'aikatan gandun daji, ya tambaye su halin tsaro na hanya, ya samu mota kat-kat da ɗan jagora, don rairayin wurin ba ya ragama wanda bai san shi ba. Da sanyin sahiya ake hita. Barewa kan gilma kamar walƙiya, jan biri ya tsaya nesa yana kallo, dila ya sulale cikin ciyawa. Daga baya, in an yi sa'a, sai a hango dogon wuya bisa kan aduwa, yana tsinkar ganye a natse, kamar bai taɓa barin wurin ba.

Amma Gadabeji ba daji ne marar mutane ba. Fulani da Buzaye suna kewaye da shi da garkunansu, kuma in rani ya yi tsanani, ciyawar da ke cikin gandun ita ce idon kowa yake kai. Dokar 1961 ta shata iyakar noma daga arewa domin a bar ma makiyaya ƙasarsu, sai ga gonaki sun tsallake ta da daɗewa. Duk hilin da garma ta ci, shanu ne suke matsowa bakin gandu. Ga kuma gobarar daji, wadda cikin wuni guda take lashe abin da damina ta yi wata uku tana shukawa.

Ma'aikatan gandun daji ba za su iya tsare hekta 76.000 su kaɗai ba. Makiyayin da ke kwana dawa shi ne yake fara ganin hayaƙi, shi ne yake gane sawun motar mafarauta. In an tsare mashi burtali da rijiya da makiyaya, zai tsare raƙumin dawa kamar nasa. In kuwa aka bar shi da ƙishirwa, to, abin da ya samu mariri bai yi nisa ba.