Sai Bango Ya Tsage: Tunani a Kan Rayuwar Oguchi Onyewu

A cikin 'yan wasa goma sha ɗaya da ke shiga filin ƙwallon ƙafa, babu wanda aikinsa ya kai na ɗan baya wuyar gani. Ɗan gaba in ya ɓarar da ƙwallo tara ya ci ta goma, da ta goman za a riƙa tunawa da shi. Shi kuwa ɗan baya in ya tare tara, ta goma ta wuce, ita za a yi ta goranta masa har ya bar wasa. Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, amma ban taɓa jin an yaba wa bango saboda shekarun da ya yi bai tsage ba. Wannan ne ya sa na ga ya dace in gabatar wa malamaina da 'yan'uwana ɗalibai abin da ya daɗe yana yi mini yawo a zuci game da wani ɗan baya Ba'amurke, watau Oguchi Onyewu.

An haife shi a birnin Washinton cikin 1982, iyayensa kuwa 'yan Nijeriya ne waɗanda karatu ya kai su Amurka. Ya buga wa ƙasarsa gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 17 a 1999, sa'an nan ya yi shekara biyu yana wasa a Jami'ar Clemson, don a can jami'a ce babbar ƙofar shiga wasan sana'a a zamaninsa. A 2002 ya ƙetara zuwa kulob ɗin Metz na Faransa, inda bai sami wurin zama ba, aka ba da aronsa ga La Louvière ta Beljiyam. Daga nan Standard Liège ta ɗauke shi a 2004, kuma a nan tauraruwarsa ta haska.

Mutanenmu da yawa ba su fara jin sunansa ba sai a gasar cin kofin duniya ta 2006 a Jamus, ranar da Amurka ta kara da Gana. Dab da hutun rabin lokaci alƙalin wasa ya ce Onyewu ya ture Razak Pimpong a cikin da'ira, ya ba da fenariti, Stephen Appiah ya ci, Gana ta yi nasara da ci 2 da 1. Ina cikin waɗanda suka yi tsalle a ranar, domin Gana muke goya wa baya. Amma da yake ni ma a baya nake tsayawa sa'ad da muke ƙwallon unguwa, inda akan tura yaro baya don kawai yana da jiki, na san irin nauyin da ke danne ƙirjin mutum in an busa irin wannan usur a kansa.

Bayan ɗan gajeren aro a Newcastle ta Ingila a 2007, sai ya koma Standard, suka ɗauki kofin Beljiyam na lig a 2008, abin da kulob ɗin ya shekara 25 bai gani ba, suka kuma maimaita a 2009. A watan Yuni na wannan shekarar, a Afirka ta Kudu, Amurka ta doke Sifaniya da ci 2 da nema a gasar kofin nahiyoyi, ta yanke mata jerin wasa 35 ba a ci ta ba. Sunayen da aka rubuta a allo su ne Altidore da Dempsey, amma wanda ya kalli wasan ya san cewa Onyewu da abokan tsayuwarsa ne suka hana Torres da Villa sakat. Bai cika wata guda ba AC Milan ta Italiya ta ɗauke shi.

To, a nan ne ƙaddara ta riga fata. Ran 14 ga Oktoba 2009, a wasan Amurka da Kosta Rika, a garin da aka haife shi, jijiyar gwiwarsa ta tsinke. Ya yi sauran kakar wasan yana jinya, Milan kuwa tana biyansa albashi kamar yadda yarjejeniya ta tanada. Sai ga shi a watan Mayu 2010 ya ƙara wa kwantiraginsa shekara guda, bisa sharaɗin ba za a biya shi ko kwabo a cikinta ba.

Wannan shi ne abin da ya fi tsaya mini a rai. Doka ba ta tilasta masa ba, domin ba da gangan ya ji rauni ba. Mai yiwuwa wani ya ce dabara ce ta neman gindin zama a babban kulob, kuma ba zan musa cewa akwai lissafi a ciki ba. Amma duk da haka, a sana'ar da ake cinikin mutum kamar haja, samun wanda ke jin kunyar cin ladan aikin da bai yi ba abu ne da ya isa a tsaya a duba. Mu da muka tashi muna jin cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, ba ma bukatar a fassara mana wannan hali.

Abin tausayi shi ne bai kai ga wannan shekarar a Milan ba. Wasan gasa ɗaya tak ya buga musu, kuma abin da mutane suka fi riƙewa daga zamansa a can shi ne dambacewar da suka yi da Zlatan Ibrahimović a wurin atisaye a 2010. Daga nan sai yawo: Twente a Holan, Sporting a Fotugal, Málaga a Sifaniya, kulob uku a Ingila, sa'an nan Philadelphia Union a 2017, kafin ya rataye takalmi a 2018, bayan ya buga wa Amurka wasa 69. A 2023 hukumar ƙwallon ƙafa ta Amurka ta naɗa shi mataimakin shugaba a sashen wasanni.

Wanda ya dubi wannan jeri na kulob zai iya cewa mutumin ya hau ya gangaro. Ni dai a ganina, in za a auna ɗan baya, a haɗa da ƙwallayen da ba su shiga ba, in kuwa za a auna mutum, a haɗa da haƙƙin da ya yafe alhali yana da ikon karɓa. Na bar wa masu karatu su ɗora Onyewu a kan wannan sikeli, su ga inda zai rinjaya.