Makiyayin Da Jifa Ya Kai Shi Landan

Duk yaron da ya tashi a Damari ya san jifa. Da shi muke korar tsuntsaye daga gonar dawa, da shi muke kaɗo mangwaro, da shi makiyayi ke juyo da saniyar da ta nufi shukar mutane. Amma ladan jifa a wurinmu bai wuce faɗa ko bulala ba. Sai da na girma na san akwai wasan da jifa ke ciyar da mutum har ya ɗaukaka sunan ƙasarsa, wato kurket.

Ga yadda abin yake. Ana kafa sanduna uku, mai bugu ya tsaya gabansu da faffaɗan katako yana tsaronsu. Majefi zai sheƙo da gudu daga nesa, ya saki ƙwallo mai tauri kamar goriba daga tazarar kusan mita 20. Idan ya karya sandunan, mai bugu ya fita. Majefi mai sauri na iya sakin ƙwallo da gudun kilomita 140 a awa guda, kafin ka ƙifta ido ta iso. Sai dai akwai doka: ba a wurgi da gwiwar hannu irin namu na mangwaro, hannu a miƙe yake zagayowa ta saman kai. Ƙarfi kaɗai ba ya yi, sai an hore shi.

Majefin da labarinsa ya fi shiga raina shi ne Makhaya Ntini na Afirka ta Kudu. An haife shi a 1977 a ƙauyen Mdingi, kuma kiwon shanu ya tashi yana yi, ko takalmi babu. Yana ɗan shekara goma sha biyar wani mai farautar 'yan wasa ya ga jifansa, daga nan aka sama masa gurbi a kwalejin Dale. A 1998 ya zama baƙar fata ɗan asalin ƙasar na farko da ya buga mata babban wasan kurket na kwana biyar. A 2003, a filin Lord's da ke Landan, ya fitar da 'yan Ingila sau goma a wasa ɗaya, ya durƙusa ya sumbaci ƙasa. Kafin ya yi ritaya ya buga irin wannan wasa 101, ya fitar da masu bugu sau 390.

Kada ku ɗauka hanyar shimfiɗaɗɗiya ce. A 2020 ya bayyana cewa kaɗaici ya dame shi cikin abokan wasansa, har yakan gwammace ya tafi fili da gudu a ƙafa maimakon shiga motar ƙungiya. Wannan gudun kuwa ya ƙara masa juriya, ya yi suna wajen jifa wuni guda ba gajiya. Wanda ya taɓa zama baƙo a makarantar kwana, ana yi masa dariyar ƙauyanci, ya san irin wannan zafin.

Kurket ba baƙo ba ne a jiharmu. An buga shi a Kwalejin Katsina da aka buɗe a 1922, kuma Sardauna Ahmadu Bello na cikin ɗaliban da suka yi wasan. A zamaninku ma, matasan Najeriya 'yan ƙasa da shekara 19 sun je gasar cin kofin duniya a 2020. Ɗaya daga cikinsu, Peter Aho, ya fitar da 'yan Saliyo shida a Legas a 2021, maki biyar kacal aka ci a kansa, bajintar da a lokacin babu irinta a duniya a gajeren wasan maza na ƙasa da ƙasa.

Ƙannena, na san halin da muke ciki a Sabuwa da Faskari da Ƙanƙara: akwai gonakin da ba a iya zuwa, akwai makarantun da aka sha rufewa. Shi ya sa yaron da ke da ƙarfi a jika yake buƙatar inda zai kai shi, kafin wani ya zo ya yi masa tayin banza. Ku je wurin malamin wasanni ku ce ya koya muku dokokin. Ƙwallon tanis ɗaya, karan dawa uku da guntun katako sun isa a fara, mata da maza.