Abin da Mai Ɗaukar Hoto Ya Koya Mini

Tun ina makarantar mishan nake son majigi, amma ban taɓa kula da mai riƙe da kyamara ba, sai da na karanta labarin Karl Freund.

A Jamus ya yi suna. A 1924, cikin fim ɗin Der letzte Mann, ya ɗaura kyamara a ƙirjinsa don ta bi mutum duk inda ya nufa. Gwanin inuwa ne ƙwarai: ya haska gefe guda, ya bar saura a duhu. Bayan ya koma Amurka, a 1951 aka ba shi aikin wasan talabijin I Love Lucy, inda kyamara uku ke ɗauka gaba ɗaya. Sai ya sake dabara, ya zubo haske daga sama, ya game kowa.

Ran da na yi gwajin koyarwa, malaminmu ya ce yaran gaba kaɗai na tambaya, na baya kuwa ko sunansu ban sani ba. Kunya ta rufe ni. Ashe rabin ajina na bari a duhu! 'Yan'uwa, gobe daga bencin baya zan fara.