Robert Wise da amanar almakashi

A cikin ma'aikatan silima, wanda ƴan kallo suka fi mantawa da shi shi ne mai tace fim, mutumin da a da yake zama cikin ɗaki da almakashi da gam, yana yanka zaren hoto yana haɗawa. Ni da nake gyaran rubutun ɗalibai da jan biro, cikin Faransanci da Hausa, ina yawan tuna tarihin ɗaya daga cikin masu wannan sana'a, wato Robert Wise, Ba'amurke, wanda aka haifa a 1914, ya rasu a 2005.

Wise bai yi makarantar silima ba. A 1933 ya shiga kamfanin RKO na Holiwud yana ɗan aike, yana dakon gwangwanayen fim. Daga nan ya koyi haɗa sauti, sannan tace hoto, har Orson Welles ya damƙa masa Citizen Kane, wanda ya fito a 1941. A cikinsa akwai wurin da aka nuna yadda aure ke sanyi: miji da mata a teburin karin kumallo, hoto na bin hoto, magana na raguwa, har kowa ya ɓuya bayan jaridarsa. Shekaru ne aka dunƙule cikin ƴan mintoci.

Wannan sanin ne ya tafi da shi lokacin da ya zama mai ba da umarni a 1944, bayan an sallami wani darekta da ya cika jinkiri. Fim ɗinsa na 1949, wanda muka sani da sunan Nous avons gagné ce soir, labarin wani ɗan dambe ne da ƙarfinsa ya fara tafiya, wanda ya ƙi faɗuwa da gangan ko da yake an sayar da wasan a bayan idonsa. Tsawon fim ɗin daidai yake da tsawon lokacin da labarin ya ɗauka, kimanin minti 72, babu ɓata ko ɗaya. Daga baya West Side Story na 1961 da La Mélodie du bonheur na 1965 suka kawo masa kyautar Oscar har huɗu.

Amma akwai tabon da ya bi shi har ƙarshen rayuwarsa. A 1942, Welles yana ƙasar Birazil, kamfanin ya gwada fim ɗinsa na biyu, La Splendeur des Amberson, gaban ƴan kallo, bai samu karɓuwa ba. Aka umarci Wise ya rage shi. Daga minti 131 ya koma 88, aka sauya ƙarshen labarin, kuma aka lalata abin da aka yanke. Welles yana aiko da saƙonni daga nesa, ba a saurare shi ba. Wise ya ci gaba da kare kansa da cewa ceton fim ɗin ya yi. Welles kuwa cin amana ya ɗauke shi.

A ganina Wise gwani ne, amma gwanintarsa ba ta wanke wannan aiki ba, domin an yanka ba tare da mai abu ba, kuma an toshe hanyar komawa. Mu malamai muna cikin irin wannan matsayi kullum. Ɗalibi ya kawo shafi uku, muna ganin ɗaya ya isa, kuma sau da yawa gaskiyarmu ce. Abin da nake roƙon abokan aikina shi ne mu zaunar da yaron kusa da mu, mu tambaye shi abin da yake nufi kafin mu ja layi, mu kuma bar rubutunsa na farko yana karantuwa a ƙarƙashin jan biro. Wata rana shi ne zai riƙe almakashin, kuma yadda ya ga an yi da aikinsa haka zai yi da na wasu.