Jirgin Ƙasa da Talakan Ƙauye

Duk wanda ya yi la'akari da hanyar jirgin ƙasa da ta iso Kano a 1911, ta kai Ƙauran Namoda a 1929, sa'an nan Nguru a 1930, zai fahimci cewa, ko da yake Turawa sun shimfiɗa ta ne domin maslahar kansu, wato jidar gyaɗa da auduga zuwa Ikko, Allah cikin hikimarsa ya ƙaddara talaka ma ya amfana. Manomin da a da sai fatake ke kawo masa labari, ya sami halin sada zumunci, ɗansa kuma ya tafi Zariya neman ilmi. Amma fa ƙauyukan da ke nesa da tasha, haƙiƙa da jaki suka ci gaba da dogara.